Wa zai ba da labarin waɗanda suka je yaƙin wasu?

Waɗanda suka tsallako daga Malanbil da waɗanda suka zo daga Kamba, sannunku da hanya, mun san yadda hanyar take yanzu.

Maganata za ta fara ne da mutum biyu, ɗaya Bafaranshe, ɗaya ɗan Yamai. Na farkon ya zo ƙasar nan yana binciken tarihinmu da kyamara a kafaɗa. Na biyun ya tafi yaƙin da ba nasa ba a can ƙarshen duniya, ya dawo, aka sa shi a fim, daga baya ya ce shi ma a miƙo masa kyamarar. Abin da ya shiga tsakaninsu nake so mu duba, don ina ganin ya shafe mu, mu mutanen bakin iyaka, fiye da yadda muke zato.

Jean Rouch ya fara zuwa Nijar a 1941. Injiniyan hanyoyi ne a lokacin, ba ruwansa da silima. A 1946 zuwa 1947 shi da abokansa biyu suka bi kogin Isa cikin kwalekwale, tun daga mafarinsa a Gini har inda ya faɗa teku a Najeriya. Ke nan ta gaban garin nan suka wuce, wataƙila kakan wani a cikinku ya ɗaga musu hannu. A 1953 ya fitar da bincikensa a kan tarihin Songai. Daga nan ya bi sawun ƴan ci-rani, Zabarmawa da Hausawa masu tafiya Gana da Kwaddibuwa neman kuɗi, yana ƙidaya su, yana rubuta inda suka fito da abin da suke samu. Cikin wannan aiki ne, a Abijan, ya gamu da wani saurayi mai dako a tashar jiragen ruwa, sunansa Oumarou Ganda.

An haifi Ganda a Yamai a 1935. Bai kai shekara 18 ba ya shiga sojan Faransa, aka kai shi Indoshin, wato yankin Biyetnam da Laos da Kambodiya na yau. Faransa na yaƙi a can da Viet Minh na Ho Chi Minh masu neman ƴancin ƙasarsu. Kuma ku lura, yaƙin yana da fuska biyu. Yaƙin korar ɗan mulkin mallaka ne, amma akwai ƴan Biyetnam ɗin da ke gefen Faransa, ɗan uwa na harbin ɗan uwa. Cikin wannan rikici aka jefa dubban samarin Afirka. A watan Mayu 1954 aka ci Faransa a Dien Bien Phu. Ganda ya dawo gida bayan kimanin shekara biyu a can, bai samu aiki ba, ya kama hanyar Abijan kamar yadda ƙannenmu ke kamawa har gobe.

Rouch ya ɗauke shi aikin bincike, sannan ya sa shi jarumin fim ɗinsa Moi, un Noir, wanda ya fito a 1958 ya ci babbar kyauta a Faransa. Yadda aka yi fim ɗin abin lura ne. An ɗauki hotunan babu sauti. Daga baya Ganda ya zauna yana kallon kansa, yana magana a kan hotunan, abin da ya zo bakinsa. Kusa da ƙarshen fim ɗin akwai wurin da yake tafiya bakin ruwa da wani yaro, yana ba shi labarin Indoshin, yana kwaikwayon yadda ake jefa gurneti, yana faɗuwa ƙasa yana tashi. Duk wanda ya ga wurin nan ba ya mantawa. Kuma a yi wa Rouch adalci: a shekarun nan, Bature ya bar baƙar fata ya yi magana da bakinsa a fim tun daga farko har ƙarshe, ba ƙaramin abu ba ne.

Sai dai murya ta Ganda ce, almakashi na Rouch ne. Shi ya zaɓi abin da zai shiga da abin da za a yar, shi ya jera, sunansa ne a kan fim ɗin. Yaƙin da ya canza rayuwar Ganda ya zama ƴan mintoci a cikin labarin ƴan dako da mashaya da mafarkin zama ɗan dambe. Ganda bai gamsu ba, kuma bai ɓoye ba. Ba shi kaɗai ba ne ma. A 1965 Sembène Ousmane na Senegal ya faɗa wa Rouch ido da ido cewa masu bincike irinsa suna kallon ƴan Afirka kamar yadda ake kallon ƙwari.

Abin da ya burge ni da Ganda shi ne bai tsaya ga ƙorafi ba. Ya dawo Yamai, ya koyi aikin a ƙungiyar masu son silima ta cibiyar al'adun Faransa da Nijar, a 1968 ya shirya Cabascabo. Fim ne baƙi da fari, da Zabarmanci, bai kai awa ɗaya ba. Shi ya rubuta, shi ya ba da umarni, shi ya fito a matsayin tsohon sojan, Zalika Souley na cikin ƴan wasan. Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi, amma wannan waƙar ba daɗi gare ta ba. Soja ya dawo da kuɗi, abokai da maroƙa da mata sun yi masa caa, yana ta rabo yana ba da labarin fagen fama. Kuɗi suka ƙare, kowa ya watse. Ya nemi aikin da ya dace da wanda ya taɓa sa kaki bai samu ba, a ƙarshe ya juya wa birni baya ya nufi karkara. Babu jarumtaka a ciki. Ganda bai wanke kansa ba, bai wanke Faransa ba, kuma bai wanke mu da muka tarbe shi muka cinye kuɗin ba. Wannan na ukun ne wanda baƙo ba zai iya faɗa ba, ko ya gani.

An nuna fim ɗin a Cannes a 1969. A 1972 wani fim ɗinsa, Le Wazzou polygame, ya ci babbar kyautar FESPACO ta Wagadugu, karon farko da aka ba da ita. Ya rasu ranar 1 ga Janairu 1981, yana da shekara 45. Rouch kuma ya rasu a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni a Fabrairu 2004, a Yamai aka binne shi. Da yawanmu mun shiga CCOG kallon wasa ko taro, ba mu taɓa ganin ko fim ɗaya na mutumin da aka sa wa wurin sunansa ba. Wannan dai magana ce ta wata rana.

To, yanzu tambaya. Wane suna za mu ba Ganda na shekara 17? Ɗan sa-kai ne? Ai da ƙafarsa ya je. Sojan haya ne? Ai albashi ya kai shi, kuma waɗanda ya je harbi ba su yi masa komi ba, ƴancin da suke nema shi ne wanda mu ma muka karɓa a 1960. Ko kuwa yaro ne talaka a ƙasar da aka mallaka, wanda bariki ce kaɗai ƙofar da ya ga a buɗe? Duk ukun akwai gaskiya a ciki. Amma ku duba yadda mai biyan albashin ya ɗauke su. A ƙarshen 1959 Faransa ta yi dokar da ta daskarar da fanshon tsofaffin sojojinta na ƙasashen da ke samun ƴanci. Bafaranshen da suka kwanta rami ɗaya nasa na ƙaruwa kowace shekara, na ɗan Nijar na nan inda aka bar shi. Sai a 2001 wani tsohon soja ɗan Senegal, Amadou Diop, ya yi nasara a babbar kotun Faransa, kuma ya rasu kafin hukuncin ya fito. A 2006 fim ɗin Indigènes na Rachid Bouchareb ya kunyata gwamnatin Chirac har ta motsa, ba a kammala daidaita kuɗin ba sai 2011. Lokacin mafi yawan masu haƙƙin suna ƙarƙashin ƙasa. Ina kawo wannan ne don mai cewa fim da tarihi aikin marasa aikin yi ne. Wani lokaci abin da ke tsakanin tsoho da kuɗin maganinsa shi ne ko an ba da labarinsa ko ba a bayar ba.

Bari mu matso kusa da gida. A yaƙin nan na Indoshin akwai wani saurayi Bajamushe cikin rundunar baƙi ta Faransa, sunansa Rolf Steiner. Tuta ɗaya suka yi wa aiki da Ganda. Ganda ya ƙare a dako, Steiner ya wuce Aljeriya, daga can sai ga shi a yaƙin basasar Najeriya.

Kun san yaƙin. Ojukwu ya ayyana Biyafara ranar 30 ga Mayu 1967, bayan juyin mulki biyu da kashe-kashen 1966, aka fara harbi a watan Yuli, ba a gama ba sai Janairu 1970. Baƙi sun shigo ta kowane gefe. Steiner ya jagoranci rundunar kwamandojin Biyafara har Ojukwu ya kore shi a ƙarshen 1968. Ya tafi kudancin Sudan, aka kama shi, aka yi masa shari'a a Khartum a 1971, aka sake shi a 1974, ya zauna ya fitar da littafin rayuwarsa, inda yake cewa shi ba don kuɗi ya yi ba. Akwai Taffy Williams. Akwai Marc Goossens ɗan Beljiyam da aka kashe kusa da Onica a Nuwamba 1968, wanda hoton gawarsa, sojojin Biyafara na ɗauke da ita, ya zaga duniya. Akwai Carl Gustaf von Rosen ɗan Suwidin, wanda a Mayu 1969 ya zo da ƙananan jiragen sama biyar ya riƙa kai hari filayen jiragen tarayya. A gefen Gowon kuma matuƙan jirgi ƴan Masar ne ke tuƙa jiragen yaƙin da aka samo daga Tarayyar Sobiyet. A 2001 Joël Calmettes ya yi fim a kan hannun Foccart da fadar shugaban Faransa a yaƙin. Turawan nan ba su da yawa, amma kowannensu yana da suna, yana da hoto, ana ta gardama a kan niyyarsa har yau: wannan ɗan sa-kai ne mai tausayi, wancan ɗan kasada ne.

Yanzu ku riƙe lissafin nan. Kafin yaƙi sojan Najeriya bai wuce mutum 10,000 da ɗoriya ba. Da aka gama ya kai wajen 250,000. Cikin shekara biyu da rabi. Daga ina aka samo mutanen? Daga ƙauyuka da kasuwanni da tashoshin mota, ana ɗiba ana ba su horon ƴan makonni ana turawa. A zamanin da talaka ba ya yawo da takardar shaidar ƙasa, kuna jin mai ɗaukar soja a Sakkwato ko Birnin Kebbi zai tsaya tantance wanda aka haifa gabas da turken iyaka da wanda aka haifa yamma da shi? Ɓangaren Biyafara ya yi ta zargin cewa akwai ƴan Nijar da ƴan Chadi cikin sojan tarayya, yana kiransu sojojin haya. Gwamnatin Diori Hamani ta tsaya bayan Legas duk da cewa zuciyar Faransa na tare da Biyafara, kuma a Yamai aka yi zaman sulhu a Yuli 1968, Gowon ya zo, Ojukwu ya zo. Wannan na manya ne, yana rubuce. Ku ɗauko littattafan yaƙin da aka fi karantawa, ku nemo mini sunan ƙaramin soja ɗaya daga wannan gefen iyaka, da garinsu, da abin da ya kai shi.

Alhali kowannenmu ya san irin tsohon nan na unguwa da ba a kiransa da sunan yanka. Wani ana ce masa Soja. Wani Kofur ko Saje, wani Kafaral ko Sarzan. Laƙabin kansa shaida ne: na farkon bakin barikin Ingilishi ne, na biyun na Faransanci. Muna gaishe shi, yara na tsokanarsa, in ya fara labari a ce tsoho ya fara.

Kuma a nan Gaya kalmar baƙo ma tana da wuyar sha'ani. Iyakar nan Ingila da Faransa suka shata ta a yarjejeniyoyin 1898 da 1904 da 1906. Ƙaramar hukumar da Kamba ke shugabanta a jihar Kebbi sunanta Dandi, mu ma nan Dandi muke. Mutumin da ubansa ɗan Gaya ne, uwarsa ƴar Kamba, matarsa daga Malanbil, in ya sa kakin Najeriya a 1968, baƙo ne ya shiga yaƙin wasu ko ɗan gida ne? Masanin da ya zo daga Paris ko Landan zai duba takarda ya yanke hukunci. Mu mun san takardar ba ta faɗi rabin zancen ba. Wannan sanin shi ne jarinmu, kuma ba a koyar da shi a kowace jami'a.

Kada wani ya fahimce ni a karkace. Ban ce mu je mu yi wa tsofaffin nan kirari ba. Kogin nan da muke wanka a ciki, in ka bi shi kudu, zai kai ka Asaba. Ranar 7 ga Oktoba 1967 sojojin tarayya suka tara maza da samarin garin da suka fito yi musu maraba, suka buɗe musu wuta. Ɗaruruwa suka mutu. Shekaru da yawa ba a maganar a hukumance. Wani ɗan garin, Emma Okocha, ya rubuta littafi a kai a 1994. Daga baya malamai biyu na wata jami'a a Florida ta Amurka, Elizabeth Bird da Fraser Ottanelli, suka zauna da waɗanda suka tsira, suka ɗauki shaidarsu a bidiyo ɗaya bayan ɗaya, suka fitar da littafi a 2017. To in tsohon unguwarku ya ce ya tsallaka kogi a wajen nan a shekarar nan, akwai tambayar da dole a yi masa, cikin ladabi, ko da zai yi shiru. Shirun ma a rubuta shi. Wanda ya ɗauki labarin soja ya tsallake waɗanda bindigar ta nufa, maroƙi ne, kuma muna da maroƙa isassu.

Shi Ottanelli ɗin nan ya daɗe yana aiki a kan Amurkawan da suka je yaƙin basasar Sifaniya, kuma yaƙin nan ya fi kowanne nuna abin da nake nufi da raɗa suna. Daga 1936 zuwa 1939, mutum wajen 35,000 daga ƙasashe sama da 50 suka je taimakon gwamnatin jamhuriya a kan Janar Franco. Su ne ƴan sa-kai da duniya ta sani, akwai gumakansu, akwai ma'ajiyar wasiƙunsu. A ɗaya gefen, Franco ya kwaso ƴan Maroko da yawansu ya ninka wancan, mafi yawa talakawan tsaunukan Rif da fari da yunwa suka kora. Su kuma aka bar su da sunan mugayen sojojin haya, ana tsorata yara da su. Sai da masaniyar tarihi María Rosa de Madariaga ta yi littafi a kansu a 2002, Driss Deiback ya bi waɗanda suka rage da kyamara a 2006, kafin a fara jin su a matsayin mutane. Kuma akwai Larabawan da suka je ɗaya gefen, gefen jamhuriya, su ma an manta da su. Amal Ramsis ƴar Masar ta yi fim a 2018 a kan iyalin ɗaya daga cikinsu, Bafalasɗine Najati Sidqi. Ba ina cewa niyya ba ta da muhimmanci ba. Wanda ya bar gidansa don ya tare fasisanci da wanda ya je don buhun alkama ba ɗaya suke ba. Amma wanda ya iya rubutu shi ke barin shaidar niyyarsa. Wanda bai iya ba, abokin gabansa ne ke rubuta masa.

In kuna ganin wannan tsohon zance ne, ku tuna 2011. Da yaƙi ya ɓarke a Libiya, gaskiya ne Gaddafi ya ɗauki mayaƙa daga Sahel, har da ƴan ƙasar nan. Amma kalmar sojan haya ta faɗa kan duk mai baƙar fata. Magina da masu gadi da masu wankin mota aka riƙa kamawa a titi, ana dukansu, wasu aka kashe. Amnesty International da Human Rights Watch sun rubuta cewa da yawan waɗanda aka tsare da wannan zargi leburori ne kawai. Dubun dubatar ƴan Nijar suka dawo ta Dirku da Agadas hannu rabbana. A can kalma ɗaya ta isa ta kashe mutum. Tun Afrilu 2023 kuma Sudan na cikin nata yaƙin, ana ta ba da rahoton mayaƙa daga ƙasashen maƙwabta har da masu zuwa daga Kolombiya. Mu kuma nan, tun da aka rufe gada, kun san yadda aikin dako da kabu-kabu da ƙananan harkokin bakin duwan suka koma. Saurayin da ya yini a fada bai samu ko jika ɗaya ba, in wani ya turo masa saƙo a WhatsApp cewa akwai aikin gadi a wata ƙasa, dala ake biya, kuna ganin zai tsaya dogon bincike? Wa'azina ba zai tsayar da shi ba, ni da na yi jami'a nake yawo da takardu a jaka. Wanda zai iya sa shi ya yi tunani sau biyu shi ne wanda ya taɓa zuwa, ya faɗa masa nawa aka yi alkawari, nawa aka biya, wa ya dawo, wa bai dawo ba. Cabascabo ke nan. Kuma irinsa na zaune a unguwanninmu ba a ɗauka ba.

Lokaci kuwa ba ya jiranmu. Wanda yake da shekara 18 a 1968, a 1950 aka haife shi, ku yi lissafi. Na Indoshin da Aljeriya sai dai a ce ɗaiɗaiku. Na Libiya suna nan da ƙarfinsu, amma su tsoro ne ya rufe musu baki, kuma suna da dalili.

Ga abin da nake roƙo, kuma ba ya buƙatar tallafin kowace ƙungiyar waje. Kyamarar da ke cikin salular kowannenku ta fi wadda Rouch ya yi Moi, un Noir da ita, tana ɗaukar sauti ma. Abin da ya rage shi ne tarbiyyar aikin. Kada ka je wa tsoho kamar ɗan jarida mai sauri. Ka je ka gaishe shi, ka koma, ka sake komawa, ka faɗa masa abin da za ka yi da maganarsa, in ya ce a'a to a'a ce. In ya yarda, ka fara da faɗin ranar da wurin da sunanka a cikin faifan, don wanda zai saurara bayan shekara 30 ya san inda ya dosa. Ka bar shi ya yi da harshen da yake mafarki da shi, Dandanci ne, Hausa ce, Zabarmanci ne, Fulatanci ne, fassara ta biyo baya. Kada ka tambaye shi ko ya kashe mutum a zaman farko. Tambaye shi wa ya fara kawo masa zancen, a wace tasha ya hau mota, me aka ba su suka ci ranar farko, wane suna ya bayar a bariki, don da yawa ba da sunansu na gaskiya aka rubuta su ba. Ƙananan abubuwan nan su ne ake iya gwadawa da takardu, kuma su ne ke buɗe manyan. In yana da littafin soja ko lamba ko tsohon hoto a ƙasan adaka, ka ɗauki hotonsu gaba da baya ka mayar masa da kayansa a hannunsa. An sha karɓar takardun tsofaffi da sunan za a nemo musu haƙƙi, ba su sake ganinsu ba.

Abin da tsoho ya faɗa ba wahayi ba ne. Yana mantuwa, yana ƙari, wani lokaci labarin da ya ji a rediyo ya zama nasa. Masanin tarihi Klaas van Walraven, da ya rubuta tarihin Sawaba da ya fito a 2013, shekaru ya yi yana zama da tsofaffin ƴan jam'iyyar, har da waɗanda aka kai horo Gana da Aljeriya da Sin da Biyetnam ta Arewa kafin su kutso ta iyakoki a 1964, sannan ya riƙa gwada maganarsu da rahotannin ƴan sanda da na sojan Faransa. Baki ya gyara takarda, takarda ta gyara baki. Ba don ya yi a lokacin da ya yi ba, da yawancin muryoyin nan sun tafi. Haka za mu yi, gwargwadon ƙarfinmu.

Sai batun almakashi, wanda shi ne asalin rigimar Ganda da Rouch. Wallahi ina jin tsoron ranar da zan ga an yanko daƙiƙa 40 na wani dattijo yana kuka, an ɗora masa kiɗa an sa a TikTok. In ka yi haka ka fi Rouch laifi, don shi aƙalla ya zaunar da Ganda gaban hotunan. Kafin ka fitar da komi, ka koma ka nuna wa mai labarin da iyalinsa. Wanda ya dawo daga Libiya ko wani fagen da wutarsa ba ta mutu ba, a ɓoye fuskarsa da sunansa da unguwarsa, in ma ya ce a ajiye sai bayan ransa, a ajiye. Cikakken faifan kuma, wanda ba a taɓa ba, kada ya zauna a waya ɗaya da za ta iya faɗawa kogi gobe. A yi kwafi uku, ɗaya na iyalin. A Yamai akwai CELHTO, da aka kafa tun 1968 don tattara tarihin baka, akwai IRSH ta jami'ar Abdou Moumouni. Aikinsu ke nan, mu ƙwanƙwasa musu ƙofa da abu a hannu.

Ƴan uwana mata, akwai rabin aikin da mu maza ba za mu iya ba. Sojan ya rasu, amma matarsa na nan a cikin gida, ko ƙanwarsa, ko ɗiyar da aka haifa ba ya nan. Su suka san shekara nawa aka yi babu wasiƙa, su suka san ko kuɗi sun taɓa zuwa, su suka kwana ɗaki ɗaya da mutumin da ke firgita cikin dare. Akwai kuma waɗanda nasu bai dawo ba sam, ba gawa, ba takarda, aka rasa ranar da za a fara takaba. Ba za su faɗa wa saurayi da waya a hannu wannan ba. Ku za su faɗa wa, a tsakar gida, ana tsinar shinkafa. Ku fara da tambayarta ranar da ya tafi, wa ya raka shi tasha, kuma me ya bar mata na cefane.

Na ga mai kula da lokaci yana ɗaga mini hannu. Masu son shiga aikin su ba da sunansu da unguwarsu kafin a tashi, don mu raba unguwannin. Sai tambayoyi.